Takardar Koke Kan Majigin Kiwon Lafiya a Ƙasar Guci

Zuwa ga Mai Girma Gwamnan Jahar Damagaram,
ta hannun Shugaban Gundumar Dungas.

Kwafi zuwa ga Darektan Kiwon Lafiya na Jaha, da manyan likitocin gundumomin Dungas da Magarya, da Shugaban Ƙaramar Hukumar Guci, da iyayenmu sarakunan gargajiya.



Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa irin wadda ta dace da shugaba, muna roƙon Allah ya ƙara maka lafiya, ya taya ka riƙon jama'a. Mu da muka haɗu muka rubuto wannan takarda talakawanka ne na ƙaramar hukumar Guci: manoma, da malaman lakwal da na allo, da ungozomomi, da samari da ƴan mata masu taya likita aiki ranar awo da ranar rigakafi. Ƴan'uwanmu na ƙasar Magarya ma sun sa baki, domin har shekarar 2011 gunduma ɗaya muke, kuma da yawa daga cikin yaranmu a asibitin Magarya aka yi jinyarsu.

Kukanmu shi ne: ana ɗaukar hotonmu, amma ba a nuna mana. Shekara da shekaru baƙi masu kyamara suna zuwa wannan yanki idan ciwo ya yi tsanani. Su ɗauki yaro mai tamowa a cinyar uwarsa, su ɗauki layin mata a bakin likita, su shiga mota su tafi. Fim ɗin ya je Yamai, ya je Turai, a kalla a can, a tausaya, a tara taimako. Ba mu raina taimakon ba, kuma ba mu kama sunan kowa ba. Amma uwar da aka ɗauka tana nan a ƙauyenta, ba ta ga fim ɗin ba, kuma maƙwabciyarta da ya kamata ta koyi wani abu daga gare shi ita ma ba ta gani ba. Muna roƙon hukuma ta juyo da kyamarar nan gida, a yi fina-finai na gaskiya da harshenmu, da fuskokinmu, a haska mana su a ƙofar mai gari tun kafin lokacin ciwo ya zo.

Ba sai mun gaya maka nauyin da wannan ƙasa ke ɗauke da shi ba, amma za mu tuna abu biyu. A watan Satumba na 2018, ƙungiyar likitoci ta MSF, wadda ke aiki a sashen yara na asibitin Magarya tun 2005, ta sanar wa duniya cewa wata guda cur ana rasa wajen yara goma kowace rana a wannan sashe, kuma a lokacin yara 730 ne kwance. Zazzaɓin cizon sauro da tamowa ne suka haɗu, kamar yadda suke haɗuwa kowace damina lokacin da rumbu ya yi ƙasa, sauro kuma ya yi yawa. Sannan daga farkon Nuwamba na 2022 zuwa 27 ga Janairu na 2023, Hukumar Lafiya ta Duniya, OMS, ta ƙirga mutum 559 da sanƙarau ya kama a jahar Damagaram, 18 suka rasu. Daga cikinsu 342 ƴan gundumar Dungas ne, wato fiye da rabi, 38 kuma ƴan Magarya. Waɗannan ba lambobi ba ne a wurinmu. Mun je ta'aziyyar wasunsu.

Abin da kowane ma'aikacin lafiya na karkara zai gaya maka shi ne yaran suna isowa a makare. Dalilan makarar suna da yawa, kuma ba mu ce majigi zai warkar da su duka ba. Akwai nisa, akwai rairayi, akwai amalanke da ke cinye yini kafin ta kai, akwai rashin kuɗin babur, akwai mai gida da ya tafi ci-rani Najeriya ba wanda zai ba da izinin fita. Waɗannan aikin hanya ne da aikin aljihu. Amma akwai makarar da rashin sani ke kawowa, kuma ita ce ta fi ƙona rai, domin ita ce mafi arahar magani. Yaro ya shiɗe saboda zafin zazzaɓi, a ce iska ce, a nufi wurin mai magani. Jariri ya ƙi nono yana amai, a ce beli ne, a kira wanzami. A sayi ƙwaya a tebur ranar kasuwa, wadda ta sha rana ta sha ƙura, a ba shi rabi. Sai an kwana uku ko huɗu, jini ya ƙare a jikin yaron, tafin hannunsa ya yi fari fat, sannan a ɗaura jaki. Iyayen nan ba sakaci suka yi ba. Sun yi iyakar abin da suka sani.

To, ta yaya ake sanar da su yanzu? Ana liƙa takardu a bangon likita, yawancinsu da faransanci, alhali mafi yawan iyaye mata na karkararmu ba su yi lakwal ba, wanda kuma ya iya karatu sau da yawa ajami ya iya. Ana zagayawa da lasifika jajibirin rigakafi. Mai shela ya yi shela bayan sallar magariba. Rediyo na yin nasa ƙoƙari, kuma muna yaba masa, domin shi ne abokin manomi da makiyayi. Sai dai akwai abin da baki ba ya iya kwatantawa. Yaya za ka gaya wa uwa ta rediyo yadda ƙirjin yaro mai ciwon haƙarƙari yake lotsawa idan ya ja numfashi? Yaya za ka kwatanta mata kumburin maɗigar jariri mai sanƙarau, ko yadda ramin yatsa ke zama a bayan ƙafar yaron da tamowa ta kumbura? Idan ta gani sau ɗaya da idonta, a jikin yaro irin nata, a cikin gida irin nata, ba za ta manta ba. Gani ya kori ji.

Bari mu ɗauki misali ɗaya mu tsaya a kansa, ranka ya daɗe, domin shi ne ya fi damunmu. Tun 2012 OMS ta ba da shawarar a riƙa ba yaran Sahel maganin kariya daga zazzaɓin damina, kuma a 2013 aka fara a Nijar, Magarya na cikin wuraren farko. Ana ba yara daga wata 3 zuwa wata 59, sau ɗaya a wata, cikin watannin da sauro ya fi ƙarfi. Maganin na kwana uku ne. Ranar farko mai rabawa ne ke ba yaro a gaban idonsa. Na rana ta biyu da ta uku kuwa a hannun uwa ake barin su, kuma a nan ne aikin ke tsayawa ko ya rushe. Mu da muke shiga gidaje mun san abin da ke faruwa. Wata ta ga yaron ya yi amai ranar farko, sai ta ji tsoro ta ɓoye sauran. Wata ta ce ai yaron lafiyarsa ƙalau, bari ta ajiye sai ranar da ya kwanta. Wata ta raba wa yayansa, don ba ta son ta ba ɗaya ta hana ɗaya. Mai rabawa yana da gidaje da yawa a gabansa, rana na yi, ba shi da lokacin zama ya yi bayani. Hukuma da masu taimaka mata sun kashe kuɗi sun kawo maganin har ƙofar ɗaki, sai ya lalace a taki na ƙarshe. Fim na minti goma, wanda za a ga wata uwa ta Guci tana narka ƙwayar a cokali da ruwa mai tsabta, tana lallashin ɗanta, ana nuna abin da za ta yi idan ya amayar, sannan kakar yaron ta faɗi da bakinta yadda daminarsu ta wuce, zai yi aikin da takarda ɗari ba ta yi ba. A haska shi a watan Yuni, kafin zagayen farko.

Kada a ce matan karkara ba za su gane ba. A nan kusa da mu, a gundumar Mirya, ƙungiyoyin ALIMA da BEFEN sun koya wa iyaye mata auna damtsen ƴaƴansu da ɗan zaren awon nan mai launi kore da ɗorawa da ja, aka kuma tabbatar cewa awon uwa bai gaza na ma'aikacin sa-kai ba. Daga jaharka wannan dabara ta bazu zuwa ƙasashe da dama. Kuma duk wanda ya ratsa gonakin Magarya da Matamai da Mirya ya ga yadda gawo ya dawo tun daga shekarun 1980. Manomi ya ga gonar maƙwabcinsa ta yi kyau, shi ma ya bar tsiron da ke tasa. Mutanen nan idan sun ga amfanin abu da idonsu, ba sai an kora su ba.

Abin da muke roƙo ma ba sabo ba ne a ƙasar nan. A 2015, a ƙauyukan Gidan Rumji da Agiye cikin jahar Maraɗi, shirin SPRING tare da ƙungiyar Digital Green sun gwada shi. Mutanen ƙauye ne suka fito a fina-finan, da Hausa, kan wanke hannu da shayar da nono da ciyar da ƙaramin yaro, aka riƙa haska su da ƴar ƙaramar na'ura mai batir wadda ke shiga aljihu, a cikin taron mata da na maza, ana tsayawa ana tattaunawa. Maraɗi maƙwabciyarmu ce, harshenmu ɗaya, cimarmu ɗaya. Tun da can ma Nijar ba baƙuwar wannan hanya ba ce: a 1964 aka fara koyar da yara ta talabijin a lakwal, kuma ƙungiyar majigin yawo ta CNA ta daɗe tana kai fim ƙauyukan da ba wutar lantarki. Dattawanmu da suka yi zama a Kano da Daura suna ba da labarin motar majigi ta zamanin da, wadda ke tara gari guda a fili.

Masu sana'ar ma muna da su. Ƙasar da ta haifi Umaru Ganda, wanda ya fara cin babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO a 1972, da Mustafa Alasan wanda ya zauna a Tawa, ba za ta rasa mai riƙe kyamara ba. Sani Magori ya yi fim kan manoman albasa na Galmi da Hausa tsantsa. Ƴar Damagaram, Aisha Macky, ta yi fim a 2016 mai suna L'arbre sans fruit kan matan da ba su samu haihuwa ba, maganar da ake jin nauyin yi ko a tsakar gida, ta sa mata suka buɗe baki suka faɗi abin da ke ransu, fim ɗin ya ci kyauta a Afirka. A 2021 ta sake yin wani kan samarin unguwar Kara-Kara a cikin birnin Damagaram. An kalli waɗannan fina-finai a manyan biranen duniya. Muna ganin ya dace a kira irin waɗannan ƴaƴa na ƙasa, da ɗaliban makarantar IFTIC ta Yamai da na Jami'ar André Salifou, a ce su zo su koya wa samari da ƴan matanmu ɗauka da haɗawa, domin idan baƙo ya tafi aikin ya zauna a hannun ƴan gida.

Akwai kuma wani dalilin da ya sa ba za a yi jinkiri ba. Allon da hukuma ta bari babu kowa, wasu sun riga sun hau. Yau ba ƙauyen da ba waya. A shagon mai caji ake tura wa mutum fina-finan Kano a memori, a kuma tura masa muryoyin WhatsApp da ba a san mai su ba, wani yana rantsuwa cewa allurar rigakafi tana hana haihuwa, wani yana tallar maganin da ke warkar da cuta arba'in. Mu mutanen bakin iyaka ne. Abin da aka faɗa a kasuwar Maigatari ko Babura da safe, kafin dare ya iso nan, kuma ciwon ma haka yake tafiya: lokacin sanƙarau na Dungas, Jigawa ma tana fama da shi. Tsoron da mutane ke yi kuwa yana da tushe, bai kamata a yi musu dariya ba. Sun ji labarin gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi wa yara a Kano lokacin sanƙarau na 1996, sun kuma ji yadda aka dakatar da rigakafin shan-inna a Kano a 2003. Wanda ke ɗauke da irin wannan labari a zuciya ba a kwance masa shi da takardar bango. Sai ya ga limamin da yake bi salla ya miƙa hannun ɗansa an yi masa allura, ya ji malamin da ya yarda da shi ya yi bayani, ya ga matar da aka yi wa rigakafi tana goye da jaririnta na biyar, sannan ya samu wanda zai yi wa tambaya ido da ido.

Saboda haka, ranka ya daɗe, ga abin da muke nema. A ba kowace babbar likita ta ƙaramar hukumar Guci ƴar na'urar majigi, da lasifika, da farantin sola na caji, da farin ƙyalle, a ɗora alhakinsu a kan mutum sananne, a sa man babur ɗinsa cikin kasafin ƙaramar hukuma, don kada kayan su kwana a kwali. A tsara haskawar bisa kalandar ciwo da ta noma: sanƙarau da ƙyanda da zaran an gama kaka, kafin maza su watse ci-rani, zazzaɓi da tamowa da gudawa kafin ruwan farko. Kada a haska fim a naɗe ƙyalle a tafi. Majo, wato shugaban likitar, ko ungozomar likita su zauna a amsa tambayoyi, domin rabin amfanin yana cikin hirar da ke biyo baya.

A yi haskawar maza daban a dandali, domin a gidaje da yawa izinin fita da kuɗin hanya a hannunsu suke. A yi ta mata a cikin gida, da rana, inda matar kulle za ta iya zuwa ta kuma yi tambaya ba kunya. Kada a manta da kakanni, su ne ke cewa a ba jariri ruwa ko bauri, su ne kuma idan sun gamsu ba mai ja da su. Wanzamai da masu maganin gargajiya a sa su cikin fim ɗin da mutuncinsu, a nuna wanda ya ga ciwo ya fi ƙarfinsa ya ce a tafi likita. Idan aka mai da su abin zargi, jama'a za su bi bayansu su bar majigin. A yi wasu fina-finan da Fulatanci saboda ƴan'uwanmu na rugage. Kuma kowane fim a rage nauyinsa yadda zai shiga ƙaramar waya, a ba masu caji kyauta su riƙa turawa.

Muna kuma roƙon a kafa ƙa'ida kan masu zuwa ɗaukar hoto. Duk wanda zai ɗauki mara lafiya a wannan jaha ya nemi yardar uwa da uba da harshen da suke ji, ya gaya musu inda hoton zai je. Kada a ɗauki yaro tsirara, kada a ɗauki mai naƙuda ko mai fitar rai. Idan an gama, a dawo da kwafi a nuna a garin da aka ɗauka. Talauci bai cire wa mutum sutura ba.

Magana ta ƙarshe ita ce mafi nauyi, kuma muna faɗinta da ladabi. Idan majigi ya ce wa uwa ta garzaya likita, to ta tarar da magani a can. Tun 2006 dokar ƙasa ta ce jinyar yara ƴan ƙasa da shekara biyar kyauta ce, haka awon ciki da tiyatar haihuwa. Amma sanin kowa ne a faɗin ƙasar nan cewa kuɗin da ya kamata a mayar wa gidajen likita yakan yi jinkiri, kantar magani ta zama wayam, a rubuta wa uwa takarda ta je ta saya. Matar da ta yi tafiyar yini da yaro a baya ta dawo da takarda a hannu, gobe ko an haska mata fim goma ba za ta tashi ba, kuma za ta gaya wa maƙwabtanta. Don haka muna roƙon wayar da kai da kayan aiki su zo tare: abin gwajin zazzaɓi, da maganinsa, da abincin masu tamowa, da gidan sauro, su riga majigin isa.

Mu a namu ɓangaren mun ɗauki alkawari. Za mu ba da fili da tabarmi, za mu yi shela, za mu ba da gidajenmu a yi ɗauka, za mu ba da ƴaƴanmu a koya musu aikin, kuma za mu tsare kayan kamar namu. Muna roƙon a fara gwaji a ƴan ƙauyuka na ƙasar Guci, likitoci su duba ko yara sun fara isowa da wuri, ko ana cika maganin kwana uku. Idan an ga amfani a faɗaɗa zuwa Malawa da Dogo-Dogo da Dungas da ƙasar Magarya baki ɗaya.

Ranka ya daɗe, muna roƙon ka ba da umarni a zauna da wakilanmu, da manyan likitocin gundumomin biyu, da sarakunanmu, a tsai da magana kafin damina mai zuwa ta sauka. Allah ya ja zamaninka, ya ba ka ikon share mana hawaye, ya ba Nijar lafiya da zaman lafiya.

Wassalamu alaikum.

Daga talakawanka,
iyaye, malamai, ungozomomi da matasan ƙaramar hukumar Guci, tare da ƴan'uwansu na ƙasar Magarya.